Garin Kujeru da Hanjin da Na Gani a Cikin Hanci

Jirgin ƙasan ƙarfe tara da 'yan mintuna na kama daga tashar Marylebone a Landan, wata Asabar da ba ni da aiki. High Wycombe na nufa, garin da a rubuce daban, a baki daban, don Hai Wikam mutanensa ke cewa. Da na gaya wa abokin kwas ɗina, dariya ya yi har da riƙe ciki: "Kai da ka samu hutun kwana ɗaya tal, sai ka tafi kallon kujeru?" Ban tsaya yi masa bayani ba, domin bayanin ya haɗa da kunyar da na sha makonni uku kafin nan.

Aikina duba tsokar da likitocin fiɗa suka yanko, a ƙarƙashin madubin likita, in faɗi ko mene ne. Ran nan aka ajiye mini wani gilashi mai ɗauke da yankin tsoka, an rubuta daga hancin wani dattijo aka ciro ta. Ina sa ido na ga hanji. Dogayen ƙwayoyi a jere kamar haƙoran mataji, sun zagaye 'yan gurabe, cikin guraben majina ce da tarkacen matattun ƙwayoyi. Na ga irinsa sau ba adadi a sankarar babban hanji. Na tura a yi rinin da ke nuna asalin ƙwayoyi, CK20 ya kama, CDX2 ya kama, biyun nan kuwa tambarin hanji ne. Sai na rubuta, da ƙarfin gwiwata, cewa sankarar hanji ce ta bazu zuwa hanci. Farfesarmu ta karanta, ta leƙa madubin bai fi minti ɗaya ba, ta ɗago.

"Wace sana'a mutumin ya yi?"

"Farfesa, ba a rubuta a takardar ba."

"To ga waya nan."

Shekara talatin da wani abu ya yi yana goge katako da inji a masana'antar kayan ɗaki. Aka leƙa hanjinsa da kyamara, fes. A hancin ciwon ya tsiro. Da yamma ta miƙo mini wata tsohuwar maƙala ta 1968, ta ce in zan gane abin da na gani, in je in ga garin da aka rubuta ta a kansa.

Tafiyar ba ta da nisa, rabin awa da ɗan ɗori. Gidajen Landan suka ƙare, tuddan Chiltern suka fara, sai ga daji na itatuwan da suke kira bic, dogaye, masu santsin jiki, launin toka. Ban taɓa kallon itace da irin wannan idon ba. Su ne suka yi garin, su ne kuma silar gilashin da ya kunyata ni.

Garin a kwari yake, gidan tarihinsa kuma a gefen tudu, 'yar tafiya daga tasha amma sai da na yi haki. Kujeru ne ko'ina, galibi irin wadda ake kira Windsor, mai mazauni na katako ɗaya da sanduna a jingina. Garin ya yi suna da su tun ƙarni na 19, har da Sarauniya Victoria ta ratsa a 1877, baka suka yi mata da kujeru a kan titi. Ƙungiyar ƙwallonsu ma har gobe da yaran kujera ake yi mata laƙabi.

Inda na daɗe tsaye shi ne gaban wani injin sassaƙa na gargajiya, na ƙafa, da igiya da doguwar sanda mai lanƙwasa. Da shi masassaƙan dajin ke fere ƙafafun kujera daga ɗanyen itace. Ɗanyen itace ɓawo yake zubarwa, dogo mai naɗewa, ya faɗi ƙasa. Kusa da shi ga hotunan masana'antu bayan zuwan injuna: maza a jere, busasshen katako, babu abin rufe hanci ko ɗaya. Garin katakon da inji ke tayarwa ya fi toka laushi, ba ya faɗuwa, yawo yake a iska har mutum ya shaƙa. Yana maƙalewa can saman hanci, wajen kogunan ƙashin etmoid da ke tsakanin idanu, dab da inda jijiyoyin jin wari suke, ya kuma rage wa hanci ƙarfin share kansa. Ciwon ba ya gaggawa. Yakan ɗauki shekara 30, 40, mutum ya bar aikin ya manta, sannan gefe ɗaya na hancinsa ya toshe, haɓo ya riƙa zuwa jefi-jefi, jin wari ya tafi. Wa zai kawo sankara a ransa? Mura za a ce, a yi ta shan magani har ido ya fara turowa.

Wata likitar kunne da hanci da maƙogwaro a garin, Esme Hadfield, ita ta lura cewa wannan ciwo da ba kasafai ake gani ba yana yawan zuwa mata, kuma masu shi 'yan kujera ne. Likita Ronald Macbeth na Oxford ya rubuta batun a 1965. A 1968 su biyun tare da Donald Acheson da Cowdell suka fitar da maƙalar da ke cikin jakata, suka nuna haɗarin ya ninka na sauran jama'a sau ɗaruruwa. Bayan shekara biyu aka samu makamancin haka a masu yin takalma na Northamptonshire, ta ƙurar fata. Sai a 1995 hukumar binciken sankara ta duniya da ke Lyon ta sa garin katako a rukunin farko na abubuwan da aka tabbatar suna jawo sankara ga mutum. Abin da ya burge ni, ba na'ura ce ta gano wannan ba. Mace ɗaya ce da ke tambayar marasa lafiyarta abin da suke yi, tana kuma riƙe amsar.

Na fita lambun gidan, na zauna a benci duk da sanyi, na buɗe littafina don in jera abin a kaina yadda ba zan sake ruɗewa ba. Sankarar da ke kwaikwayon ƙwayoyin fitar da majina, wato adinokasinoma, a hanci da kogunansa gida uku take a rabon Hukumar Lafiya ta Duniya. Akwai masu kama da na halittun da ke yin yawu, fitacciyarsu adinoid sistik, wadda ke bin jijiya kamar rogon daji tana dawowa bayan shekaru. Akwai mai kama da hanji, ta 'yan katako, galibi maza manya. Sai ta uku, wadda ba wannan ba waccan, aka raɗa mata "marar kama da hanji". Sunan nan bai taɓa kwanta mini ba, kamar a kira mutum "wanda ba wane ba", amma gaskiya ya faɗa: kwando ne na abin da ya rage.

Ita mai kama da hanjin an ƙara rarraba ta. Likita Leon Barnes a 1986 ya kasa ta biyar: mai yatsu-yatsu, mai kama da babban hanji sak, dunƙulalliya, mai tafkin majina, da gauraye. Kleinsasser da Schroeder a Jamus suka kawo nasu a 1988, da wasu sunaye, amma kusan ƙasa ɗaya suke aunawa. Da can haddar jarrabawa nake ɗaukarsu. Amfaninsu yana wajen gadon marar lafiya: mai yatsu-yatsu ta fi sauƙin kai, dunƙulalliya da mai majina, musamman wadda majina ta cika ƙwayar ta ture cibiyarta gefe kamar kan zobe, su ne mugayen. Ta dattijonmu mai kama da babban hanji ce, wadda aka fi gani.

Rini yana raba gida da gida. Mai kama da hanji tana kama CK20, CDX2, vilin da SATB2; CK7 wani lokaci ta kama, wani lokaci ta ƙi. Marar kama da hanji CK7 take riƙewa, ta bar sauran, kuma ana raba ta biyu, mai sanyin hali da mai zafi. Mai sanyin halin, da ƙananan gurabe a cunkushe da ƙwayoyi masu kama ɗaya, har takan sa mutum shakkar ko sankara ce ma, kuma in an cire ta yawanci an rabu lafiya. A cikin kwandon akwai wata mai fararen ƙwayoyi da za ka rantse daga ƙoda ta zo. Hanci dai gwanin kwaikwayo ne. Abin da rinin ba zai taɓa yi maka ba shi ne raba wadda ta tsiro a hanci da wadda ta taso daga hanji, don tambarinsu ɗaya. Nan ne na faɗi. Sai an haɗa da hoton CT da ke nuna ƙashin da ya cinye, da MRI da ke raba ƙari da majinar da ta taru a bayansa, ya kuma nuna ko ya taɓa kogon ido ko rufin ƙwaƙwalwa, da tarihin mutumin, in shakka ta rage a leƙa hanjin.

Na gangara cikin gari da rana. Yawancin masana'antun sun rufe ko sun tashi, wasu gine-ginen jan bulo masu dogayen tagogi sun koma gidaje da ofisoshi. Na riƙa kallon tsofaffin da ke wucewa da sanduna ina lissafin shekarunsu, ina cire 40, sai na ga abin bai dace ba na daina. Jirgin ƙarfe huɗu na biyo.

Ranar Laraba wani gilashin hanci ya zo teburina, gurbin sana'a a takardar fayau. Kafin in sa ido a madubi na ɗauki waya. Malamar makaranta ce mai ritaya, ba ta taɓa shiga wurin aikin katako ba. Na leƙa: ƙananan gurabe a cunkushe, ƙwayoyi lumui. CK7 ya kama, CK20 da CDX2 suka ƙi. Na kai wa Farfesa, ta duba, ta sa hannu, ta tambaye ni ko na hau tudun nan da ƙafa.