Rigunan 'Yan Sanda Masu Zari-Ruga a Shagona

Shagona yana wani lungu a Bradford, arewacin Ingila. Mu huɗu ne a ciki: ni, da maiɗakina mai riƙe da lissafi, da ɗan ƙanwata da nake koya wa aiki, sai wata dattijuwar Baturiya da ta ƙarar da ƙuruciyarta a masaƙa kafin a rufe ta. Surfani muke yi, da buga lamba da tambari a jikin riga, na 'yan makaranta da direbobin tasi da masu gidan abinci. Amma a shekarun da kasuwa ta yi sanyi, rigunan 'yan zari-ruga ne suka riƙe mu.

Ni Bazazzagi ne, a gidan masu ɗinkin babbar riga na tashi. Mahaifina da hannu yake yin aska takwas, kuma idan almajirinsa ya kawo masa aiki ba ya kallon fuskar rigar, juya ta yake yi ya duba bayanta. Injin surfanina na yanzu kawuna shida gare shi, kwamfuta ce ke tuƙa shi, amma har gobe ba na sallamar riga sai na juya ta.

Ranar da wani sajan ya fara shigowa shagon da kayan sarki a jikinsa, gabana ya faɗi. Baƙo a ƙasar mutane, kuma baƙar fata, ba ya ganin ɗan sanda a ƙofarsa ya ɗauka alheri ne ya kawo shi. Ashe riga ya kawo a leda. Ya shimfiɗa ta a kan teburin yanka: ta ɓarke tun daga hammata har kalmasa, wuyan ya saki, lambar baya ta ɗago kamar ɓawon rogo. Ya ce ta ƙungiyar rundunarsu ce, wasa uku kawai ta yi, ko zan iya yi musu wadda za ta kai ƙarshen kaka? Na ce ya ba ni mako biyu. A makonnin nan ne na fara zuwa filin unguwa ina kallon abin da ake yi wa riga a wannan wasa.

Zari-ruga iri biyu ce. Akwai ta mutum 15, akwai ta mutum 13 wadda ake ce wa lig, ita ce ta mutanen nan. Minti 80 ake yi. Mai ƙwallo ya rungume ta ya ruga, mutum biyu ko uku su tare shi su kai shi ƙasa kamar a fagen kokawa. Ya tashi ya gangara ta baya da ƙafa, a ci gaba. Idan aka kayar da ku sau shida ba ku dangwala ta a bayan layi ba, ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Duk kamun nan kuwa a riga yake ƙarewa, a wuya da kafaɗa da hammata.

Da na san asalin wasan sai na daina ganin sa a matsayin dambe da ƙwallo. Ranar 29 ga Agusta 1895 aka yi zama a otal ɗin George da ke Huddersfield, tafiyar da ba ta kai awa guda ba daga shagona, ƙungiyoyi 22 na arewa suka ɓalle daga hukumar da ke Landan. 'Yan wasansu masaƙa ne da mahaƙa kwal, masu aiki har ranar Asabar. Duk wanda ya bar aiki ya je fili an yanke masa kuɗin yini. Ƙungiyoyin suka ce a bar su su mayar wa mutum abin da ya rasa, masu hannu da shuni na kudu suka ce wasa ba a karɓar ko sisi a kansa. Sabuwar hukumar ta yanke sule shida a yini. A 1906 ta rage 'yan wasa zuwa 13. Daga nan gaba ta ƙullu, wanda duk ya taɓa lig sai 'yan 15 su rufe masa ƙofa, har sojojin Birtaniya ba a amince musu da wasan a hukumance ba sai 1994.

'Yan sanda ma sun daɗe ta 15 kawai suke da ita a rundunoninsu. Yaron da ya tashi a Wigan ko Castleford ko Hull, wanda tun yana firamare lig ya sani, idan ya shiga aiki sai dai ya koma ƙungiyar unguwarsu. A 1973 aka kafa hukumar masu wasan sa-kai, BARLA, a Huddersfield, wasan ya farfaɗo a unguwanni. A shekarun 1980 ne 'yan sandan arewa suka fara haɗa ƙungiyoyin rundunoninsu, abin ya kai har rundunar birnin Landan, sannan aka samu ƙungiya ɗaya ta Birtaniya baki ɗaya, wadda ake tsamo mata gwanaye daga runduna-runduna. Ingila da Wales kaɗai rundunonin yanki 43 gare su, saboda haka wanda aka kira ya sa wannan riga ya san ba ƙaramin abu ya samu ba.

Lokacin da suka zaɓa kuwa ba mai sauƙi ba ne. Daga 1984 zuwa 1985 mahaƙa kwal suka yi yajin aikin shekara guda, kuma a ranar 18 ga Yuni 1984 aka yi mummunar arangama tsakaninsu da 'yan sanda a Orgreave. Da yawa daga cikin garuruwan da suka sha wannan wuya garuruwan lig ne. Dattijuwar shagonmu ƙanenta mahaƙi ne, kuma ranar da ta ga tambarin 'yan sanda a kan teburina ta yi shiru yini guda. Washegari ta zauna a kan keke ta ɗinka rigunan, ta kuma yi musu ɗinki mafi ƙarfi da na taɓa gani a hannunta. Ban tambaye ta ba, ita ma ba ta ce komai ba. Ni dai a ganina mutanen da suka yarda su cire hula da kulki, su shiga filin ƙauyen da ake jin haushinsu, a kayar da su a taɓo su tashi su miƙa hannu, sun yi abin da ya fi taron sulhu goma. Ba wai hakan ya wanke abin da ya faru ba ne, kuma ba na faɗa wa kowa ya manta.

Ga yadda muke yin rigar. Yadin roba ne fari mai kauri. A kwamfuta muke zana launi da lamba da tambari, mu buga a takarda ta musamman, mu ɗora a kan yadin a cikin injin dannawa mai zafin kusan digiri 200. Tawadar sai ta shige cikin zaren, ba abin da zai ɗago ko ya ɓanɓare. Rigar sajan lambarta manne take a sama, shi ya sa ta tashi. Bayan haka a yanka, a haɗa, a bi kowane gefe da ɗinki biyu, a ƙulle bakin wuya da hammata da ƙaramin ɗinki mai maimaici. Dole rigar ta kama jiki, don mai yalwa ta zama igiyar da za a jawo mutum da ita. Tambari a rigar fili ba na yin sa da surfani, domin bayan zaren yana goge ƙirji idan gumi ya haɗu da karo. Surfanin na rigar tafiya ne da jaket. Yawancinsu kuma suna son zanen nan mai kama da bakin mashi da ke saukowa daga kafaɗu ya haɗu a ƙirji, irin jan da ke rigar ƙungiyar lig ta St Helens. Ni aska yake tuna mini.

Lamba ma tana gaya wa tela awo. Masu 8 da 10 su ne ƙartin gaba, rigarsu takan ci yadi kamar ta mutum biyu. Mai 7 yawanci ɗan tsamurmuri ne mai wayo, mai 9 gajere kakkaura. Saiti guda 17 ne, 13 na fili da huɗu na canji, amma kullum nakan ba da shawarar a ƙara biyu marasa lamba saboda jini.

Sai tambarin kansa, wanda shi ne amanar wannan aiki. Tauraro ne mai kambun sarauta a kansa, wani lokaci da ɗan zanen dara baƙi da fari irin na hularsu, wanda 'yan sandan Glasgow suka fara sawa a 1932. Dokar 'yan sanda ta 1996 ta haramta wa mutum yin shigar da za ta sa a ɗauka shi ɗan sanda ne. Don haka ba na ɗora wannan tambari a kan komai sai da takardar izini, kuma duk rigar da ta lalace a inji yayyanka ta nake yi kafin ta shiga shara. Wata rana ɗan ƙanwata ya ɗauki wata jaket da zarenta ya karkace ya ce, "Kawu, wannan ai sai a bar mini, sanyi ake yi." Na ce, "A'a ɗana, ɗauko almakashi." Da yamma na saya masa wata a kasuwa. Bayan rasuwar Sarauniya Elizabeth a 2022, Sarki Charles ya zaɓi wani kambu dabam, saboda haka yanzu duk wanda ya kawo oda sai na tambaye shi wane kambu aka amince masa.

Ƙungiyar ta ƙasa tana shiga Challenge Cup, kofin ƙalubalen da aka fara a kakar 1896 zuwa 1897, wanda aka kai wasan ƙarshensa filin Wembley na Landan a 1929. A zagayen farko take shiga, tare da sojan ƙasa da na ruwa da na sama da manyan ƙungiyoyin unguwanni. An kuma yi gasar kofin duniya ta 'yan sanda a Ostareliya a 2008, Fiji ta ɗauka, aka sake yi a Ingila a 2013, Ostareliya ta ɗauka. Ba ni nake ɗinka wa ta ƙasar ba, ni na rundunar yanki nake yi wa. Amma mutum biyu da na auna da hannuna an kira su can, ɗaya har ya kawo mini hoto na liƙa a bango kusa da injin.

Ba a biyan su ko kwabo. Kuɗin rigunan karo-karo suke yi, wani lokaci wani mai gareji ko mai gidan burodi ya taimaka a sa sunansa a ƙirji. Shi ya sa ba na matsa musu a kan kafin alƙalami kamar yadda nake yi wa kamfanoni. Ranar wasa kuwa, wani hutun shekararsa ya gutsura, wani musanyar aikin dare ya yi da abokinsa. Na taɓa kai musu kaya filin atisaye da ƙarfe tara na safe a watan Janairu, ciyawa ta yi fari da ƙanƙara. Mai lamba 10 ya iso kai tsaye daga caji ofis, ido jajir, ya ce tun goman dare yake tsaye. Na tuna masaƙan 1895 da sulensu shida. Shi ko sulen ba ya samu. Ya zura rigar, ya kama wuyan da hannu biyu ya ja iya ƙarfinsa, ya gyaɗa mini kai.

Saitin farko da na yi wa sajan ya yi kaka biyu cur. A ƙarshen ta biyun ya dawo da guda uku a gyara, duka na 'yan gaba. Na juya su a kan tebur ɗaya bayan ɗaya. Yadin ne ya gaji a kafaɗa, ɗinkin dattijuwar yana nan bai motsa ba.