"A haɗa min su kai tsaye": aikin jan kebul a wata cibiyar kwamfuta

Alhajin da ya kira ni yana da cibiyar koyar da kwamfuta a Kano, irin waɗanda suka yawaita tun da hukumar JAMB ta mayar da jarrabawarta kacokan kan kwamfuta a 2015. Ɗaki ne babba mai kwamfutoci sama da 30, kowacce an soka mata ɗan abin kama Wi-Fi a ramin USB, dukkansu kuma suna ɗebo tambayoyin gwaji daga kwamfuta guda da ke kusurwa, wato saba. In yara biyar ne a ɗakin, lafiya lau. Da zarar ɗaki ya cika aka ce kowa ya fara a lokaci guda, sai shafi ya tsaya yana ta juyi, yara su hau surutu. Ya ce da ni, "Injiniya, ni fa na gaji. A haɗa min su kai tsaye kawai."

Ban taɓa komai ba sai da na tsare shi da tambaya, domin a sana'armu in mutum ya ce kai tsaye, abu uku yake iya nufi, kuma kowanne da kuɗinsa. Akwai mai nufin a bar iska a koma waya: kowace kwamfuta a ja mata kebul ɗinta zuwa suwic, wato akwati mai ƙofofi da yawa da ke haɗa kwamfutoci da juna. Akwai mai nufin na'ura da na'ura ba kowa a tsakani, kamar firintar da aka soka wa kwamfuta da kebul ɗin USB, ko kwamfutoci biyu da kebul ɗaya ya haɗa. Na ukun shi ne mafi tsufa, wato abin da aka ɗaure a jikin ƙarfen na'ura ta yadda manhaja ba ta isa ta sauya shi ba. Kwamfutar ENIAC da aka nuna wa duniya a Jami'ar Fensilbaniya ta Amurka a 1946, in ana son ta yi wani lissafi dabam, sai an zare igiyoyi an sake soka su a wasu ramuka, an murɗa makunnai, kuma mata shida ne suka fara riƙe wannan aiki. Wannan ma'ana ba ta mutu ba. Duk mai gyaran laftof ya san takaicin buɗe na'ura ya tarar an liƙe RAM, wato ma'adanar aiki ta kwamfuta, da dalma a jikin babban allon da ke cikinta, ba halin ƙari, ba halin canji.

Na farkon Alhaji yake nufi, kuma ya yi gaskiya. Wi-Fi iska ɗaya ce kowa ke rabawa, kamar famfon unguwa guda ɗaya, kowa da bokitinsa a layi. Na'ura ɗaya ce ke magana a kan tasha a lokaci guda, sauran su jira. A zangon 2.4 GHz, wanda shi kaɗai waɗannan ƙananan na'urori nasa ke kamawa, tashoshi uku ne kacal ba sa hawa kan juna: 1, 6 da 11. Ga shagunan maƙwabta kowa da rautarsa, wato na'urar da ke raba intanet da Wi-Fi, ga wayoyin ɗalibai. Suwic kuwa kowace ƙofa tata ce ita kaɗai, tana aikawa tana karɓa a lokaci guda.

Rigimar farko a kan kebul aka yi ta. Alhaji ya riga ya aiki yaronsa kasuwa ya sayo kwali ɗaya, mita 305 kamar yadda ake sayar da shi, an rubuta Cat6, wato ajin ingancin kebul ɗin, ɓaro-ɓaro a jiki, kuma yana murna ya samu da araha. Da na ɗaga kwalin na ji ba nauyi. Na yanki taƙi ɗaya, na feɗe siliya guda, na kankare ta da bakin wuƙa a gabansa. Jan ya tafi, fari ya fito. Alminiyam ne aka yi wa fatar jan ƙarfe. Na kuma kara masa wutar laita, nan take ya lanƙwashe ya zube, alhali jan ƙarfe na gaske sai dai ya yi jawur ya tsaya. Irin wannan kebul yana aiki a ranar farko, shi ya sa yake cin kasuwa. Amma yana karyewa a cikin riga in an lanƙwasa shi, ba ya ɗaukar nisa, kuma in aka ɗora masa kyamarar tsaro wadda ke shan wutarta ta cikin kebul ɗin, zafi yake yi, wutar ta ragu kafin ta isa. Na ce, "Alhaji, wannan a ajiye shi a ɗaure kaya." Bai ji daɗi ba, amma ya ga farin da idonsa. Muka sayo na gaske.

Dokar nisa ita ce mita 100 daga suwic zuwa kwamfuta, kuma a cikinta ake lissafa guntayen da ke kan tebur: 90 a bango, 10 na sassan biyu. A ɗaki ɗaya wannan ba ya damun kowa. Abin da ya fi cin lokaci shi ne hanya. Ba na barin kebul ɗin sadarwa ya kwanta a bututu ɗaya da wayar lantarki, in kuma dole su haɗu, sai su gitta juna su wuce. Ba na jan sa tsirara ta cikin silin, domin ɓera ba ya tambayar ko Cat6 ne. Muka bi bango da bututun roba, muka sauko ƙarƙashin kowane layin tebura, kuma kafin a ja kowane kebul sai an rubuta lambarsa a bakinsa biyu. Wanda ya ce zai rubuta daga baya, zai tarar da igiyoyi masu launi ɗaya sun taru a gindin suwic, ya rasa wacce ce ta wa.

Matse kan kebul, wato robar da ake sa wa bakinsa don a soka a kwamfuta, shi ne wurin da ake gane ma'aikaci. A cikin rigar kebul siliyoyi takwas ne, an murɗe su biyu-biyu, tagwaye huɗu: ruwan lemo, kore, shuɗi da ruwan ƙasa, kowanne da abokinsa fari mai ratsin launinsa. Murɗin nan ba ado ba ne. Saƙo ɗaya ake turawa a siliyoyin biyu, ɗaya kishiyar ɗaya, duk hayaniyar da ta shigo daga waje sai ta taɓa su daidai wa daida, na'urar da ke karɓa ta zubar da ita. Shi ya sa ba a warware murɗin fiye da milimita 13 a bakin kai. Za ka feɗe riga kamar tsawon gaɓar yatsa, ka miƙar da siliyoyin tsakanin babban yatsa da manuniya har su kwanta lif, ka jera su bisa tsarin da ake kira T568B: fari mai lemo, lemo, fari mai kore, shuɗi, fari mai shuɗi, kore, fari mai ruwan ƙasa, ruwan ƙasa. Ka datse bakinsu su zo daidai, ka tura cikin kan RJ45 har ka hango ƙyallin jan ƙarfe takwas sun taɓa ƙarshen robar, rigar kebul ma ta shiga ciki, sannan ka matse da filaya har ta yi ƙas.

Yaron da ke koyon aiki a hannuna ya dubi jerin ya ce, "Oga, me ya sa aka raba kore, aka sa shuɗi a tsakiyarsa? Ai da an jera kowa kusa da ɗan'uwansa, tunda duka bakin biyu iri ɗaya za mu yi." Tambaya ce mai kyau, kuma amsarta tana rataye a bangon ɗakin, a wani tsohon kebul da wani ya taɓa ja wa ofishin Alhaji. Haka aka jera shi, kowa kusa da ɗan'uwansa. Muka sa masa tasta, wato na'urar gwada kebul, fitilu takwas suka kama ɗaya bayan ɗaya, babu wadda ta tsallake. Amma kwamfutar da ke kansa kullum cikin yankewa take. Dalili shi ne a cikin fil takwas da ke jikin kan kebul, na'ura ta ɗauki na 1 da na 2 a matsayin tagwaye, haka na 3 da na 6, na 4 da na 5, sai na 7 da na 8. Tsakiyar, wato 4 da 5, gado ne daga layin tarho. In ka jera yadda ido ke so, fil na 3 da na 6 za su faɗa kan siliyoyin da ba a murɗe su tare ba, kariyar nan ta tafi. Ƙaramar tasta ba ta ganin wannan, ita dai ta ga wuta ta shiga nan ta fita can. A guntun kebul sai ka sha, a dogo kuwa sai ya tona asiri.

Da muka gama na bi kwamfutocin ɗaya-ɗaya ina duba gudun da kowacce ta kama, domin fitilar da ke ƙiftawa a baya ba ta isa shaida ba. Duka sun nuna gigabit 1, wato megabit 1,000 a sakan, ban da guda biyu da suka tsaya a megabit 100. Wannan alama ce sananniya. Tsarin megabit 100 tagwaye biyu kawai yake amfani da su, lemo da kore, amma gigabit, wanda aka fitar da ƙa'idarsa ta kebul ɗin jan ƙarfe a 1999, sai da dukkan huɗun. In siliya ɗaya daga shuɗi ko ruwan ƙasa ba ta taɓa ba, na'urorin ba sa yin ƙorafi, sai su sauko ƙasa shiru su ci gaba da aiki. Aka yanke kawunan aka sake matsewa, suka hau.

Ma'ana ta biyu ma, wato na'ura da na'ura ba kowa a tsakani, ta zo mana a aikin nan ba mu nema ba. Ɗan Alhaji yana haɗa bidiyon biki a wani ɗan ɗaki, ya sayi sabuwar kwamfuta, yana son kwashe ayyukan shekaru daga tsohuwar, yana ta fama da filashi. Na ɗauko guntun kebul na soka wannan baki a tsohuwar, wancan a sabuwar. A da sai an yi kebul na musamman, wancan baki a tsarin T568B, wannan kuma a ɗan'uwansa T568A, wanda lemo da kore ke musayar wuri a cikinsa, don bakin aikawar wannan ya faɗa kan na karɓar waccan. Katunan sadarwa da ke cikin kwamfutocin zamanin gigabit suna juya wannan da kansu, kowane kebul ya yi. Abin da ba ya zuwa da kansa shi ne adireshi, wato lambar da ake gane kowace kwamfuta da ita, tunda babu rautar da za ta raba. In ka bar su, kowacce za ta jira ta gaji, ta ba kanta lamba mai farawa da 169.254, kuma sau da yawa hakan ma yana aiki. Ni na fi son in sa da hannu: 192.168.5.1 a nan, 192.168.5.2 a can, da 255.255.255.0 a duka biyun. Sai kuma Windows, wadda ke ɗaukar irin wannan haɗi a matsayin na bainar jama'a ta rufe ƙofar raba fayil, dole ka shiga ka buɗe. Da aka buɗe, fayilolin suka riƙa wucewa a kan megabait 110 da ɗoriya a sakan, manyan bidiyoyin ke nan. Ƙananan hotuna masu yawa sun fi jan ƙafa.

Bayan an fara karatu aka kira ni wata rana, wai komai ya tsaya cak. Ina shiga na ga fitilun suwic duka suna ƙiftawa tare kamar sun haukace. Wani ɗalibi ne mai son gyara ya ga bakin kebul yana lilo, ya ga ƙofa a buɗe, ya soka, bai san ɗaya bakin ma a jikin suwic ɗin yake ba. Saƙon da ake aika wa kowa ya riƙa zagayawa yana ninkuwa har ya cike hanya. Manyan suwic suna da tsarin da ke gano zobe irin wannan ya toshe shi, wanda Radia Perlman ta ƙirƙiro a 1985, amma masu arahar da muke saya ba kowanne ke da shi ba. Zare kebul ɗaya ya warware matsalar. Na sa aka yi wa suwic ɗin akwatin ƙarfe da kwaɗo, aka liƙa takardar lambobin kebul a cikin murfinsa.

Inda muka ɗan ja da Alhaji shi ne intanet. Gwajin jarrabawa ya daina tsayawa, wannan kowa ya gani, amma shi ya ɗauka YouTube ma zai tashi sama. Na nuna masa cewa kebul ɗin ɗaki ya gyara tsakanin kwamfutoci da saba ne kawai. Abin da ke shigowa daga waje har yanzu ta rautar 4G yake zuwa, daga ƙarfen sabis, ta iska. Abin da na iya yi shi ne na ɗauke rautar daga ƙarƙashin tebur na kai ta kusa da taga, na ja mata kebul zuwa suwic. Wi-Fi ɗin ma ban kashe shi ba, na bar wa wayoyin malamai, don wayar hannu ba ta da ramin LAN, wato inda ake soka kebul.

Da ya ji daɗin aikin sai ya ce a ja kebul ɗaya a tsallaka tsakar gida zuwa ginin baya, inda yake son buɗe aji na biyu. Nisan bai kai mita 60 ba, yana cikin doka, amma na ƙi. Kebul ɗin jan ƙarfe da ke rataye a sarari tsakanin gini biyu, a damina ba sai tsawa ta faɗo a kansa ba, ta faɗi kusa ma ya isa ya kwaso ƙarfinta ya kai wa suwic ɗin nan da na can. Ga shi ginin baya a kan inbata yake, na gaba a kan janareto, kowanne da nasa haɗin ƙasa, bambancin da ke tsakaninsu kuma ta cikin kebul ɗin zai nemi hanya. Na ce a sa faiba, tunda zaren gilashi ne, haske yake ɗauka ba lantarki ba, da ƙaramin akwatin da ke mayar da haske saƙon LAN a kowane gefe. Ya ce, "Injiniya, kai kullum sai ka ƙaro min kuɗi." Na lissafa masa kuɗin suwic biyu da katunan kwamfutocin da ke bayansu, na ajiye kusa da kuɗin faibar. Aka haƙa rami mai zurfin kamu ɗaya a gefen katanga, aka binne ta cikin bututu kafin ruwan farko ya sauka.