Dalilin da saitin hoton telebijin ke komawa baya idan an kunna na'urar wasa

Ƙorafin da nake yawan ji daga masu ɗakunan wasan bidiyo a nan Maraɗi, da kuma iyayen da suka saya wa ƴaƴansu na'urar wasa, kusan iri ɗaya ne. Mutum zai ɗauki telekomand ya rage haske, ya daidaita launi, har hoton ya kwanta masa a ido, amma da zarar an kunna na'urar an shiga wasan ƙwallo, sai ciyawar fili ta koma kore shar mai ɗaukar ido, farin riga ya riƙa ƙyalli, kamar ba a taɓa gyara komai ba. Daga nan sai a yanke hukunci cewa telebijin ɗin ya lalace, a ɗora shi a kan babur zuwa wurin mai gyara. A mafi yawan abin da na gani, telebijin ɗin lafiyarsa ƙalau kuma bai manta da komai ba. Gyaran da aka yi yana nan a inda aka ajiye shi, na'urar wasan ce ta sa telebijin ya buɗe wani wurin ajiya dabam wanda ba a taɓa shiga ba.

Telebijin na zamani ba saiti guda yake riƙewa ba. Ya yi kama da ɗan kanti mai littafin bashi, wanda kowane abokin ciniki yake da shafinsa, abin da aka rubuta a shafin wane ba zai bayyana a shafin wane ba. Kowace ƙofar HDMI, wato inda ake soke wayar na'ura a bayan telebijin, tana da nata saitin, saboda haka gyaran da aka yi ana kallon labarai ta dekoda a ƙofa ta ɗaya ba ya bin na'urar wasa zuwa ƙofa ta biyu. A cikin ƙofa guda kuma, kowane yanayin hoto yana da nasa: na yau da kullum, na fim, na wasanni, da mai tsananin ƙyalli. Sannan akwai rabo na uku, wanda shi ne ya fi rikita mutane domin ba a ganin sa a fili, wato irin siginar da ke shigowa. Hoto na al'ada yana da shafinsa, hoton HDR, wato mai faɗin tazara tsakanin haske da duhu, yana da nasa, kuma a telebijin da ke karɓar Dolby Vision, wani nau'in HDR, shi ma yana da nasa na dabam. Idan aka haɗa waɗannan, ƙofa ɗaya kaɗai tana iya ɗauke da saiti fiye da goma.

Batun HDR ya cancanci a tsaya a kansa, domin shi ne tushen matsalar a wurin mutane da yawa. Tun watan Satumba na 2016 kamfanin Sony ya ƙara wa duk samfuran PlayStation 4 ikon fitar da HDR ta hanyar sabunta manhajarsu, har da waɗanda aka fitar tun 2013, kuma a shekarar ce Xbox One S ta fito da wannan ikon. Ke nan tsofaffin na'urorin da suka cika ɗakunan wasa a garinmu suna iya yin sa. Abin da ke faruwa a PlayStation 4 shi ne, shafin farko inda ake zaɓen wasa yana fitowa ne da hoto na al'ada, amma idan wasan yana da HDR, na'urar tana sauya sigina a daidai lokacin da aka buɗe shi.

Na ga wannan da idona a ɗakin wasan wani ɗan ƴar'uwata a unguwar Zariya. Ya gyara hoton a gabana yana kan shafin zaɓen wasa, ya ce, "Kawu, ka dai zuba ido ka gani." Ya danna manet, wato abin riƙewa da ake wasa da shi, allon ya yi baƙi na ɗan lokaci kamar an ɗauke wuta, sannan hoto ya dawo tare da wata ƴar alama a kusurwar sama ta dama mai haruffa uku, HDR, wadda ta ɓace kafin mutum ya gama karanta ta. Wannan baƙin na ƙiftawar ido shi ne lokacin da telebijin ke rufe wani shafi yana buɗe wani. Na ce masa ya bar wasan yana gudana, ya buɗe saitin hoto a haka. Lambobin da ya tarar ba su ne waɗanda ya sa ba, hasken bayan allo yana can ƙololuwa. Ya gyara su a wurin, ya fita daga wasan, ya sake shiga, kuma suka zauna daram. Ƙa'idar ke nan: ana gyara hoton wasa ne alhali wasan yana kan allo, ba a shafin farko ba, kuma ba ana kallon wata tasha ba.

Sai dai ina da ra'ayi a kan HDR ɗin kansa, wanda na san ba kowa zai yarda da shi ba. An tsara shi ne domin allo mai ƙarfin haske sosai, ana yawan shirya hotunansa da ma'aunin haske na nit 1000, alhali telebijin masu sauƙin kuɗi da suka fi yawa a kasuwarmu ba su cika wuce nit 300 ba ko da kwalinsu na ɗauke da tambarin HDR da manyan haruffa. Irin wannan telebijin yana fahimtar siginar amma ba shi da ƙarfin nuna ta, shi ya sa hoton kan fito dishi-dishi, inuwa ta haɗe da duhu, mai wasa ya kasa ganin abokin gaba a lungu. Ga mai irin wannan telebijin, shawarata ita ce ya shiga saitin allo na na'urar wasan ya kashe HDR baki ɗaya. Zai samu hoto mafi kyau, kuma sauye-sauyen shafi sun ƙare ke nan. Mai PlayStation 5 yana da zaɓi uku: a kunne kullum, a kunne sai idan wasan yana da shi, ko a kashe. Zaɓin tsakiya shi ne ke kawo yawan sauyi tsakanin shafuka biyu, don haka wanda ya zaɓe shi dole ne ya gyara duka biyun, kowanne a lokacinsa.

Abu na biyu da na'urar ke yi wa telebijin ba tare da neman izini ba shi ne tura shi yanayin wasa. Ƙa'idar HDMI 2.1 da aka fitar a 2017 ta zo da wani tsari mai suna ALLM, wanda ta hanyarsa na'ura ke shaida wa telebijin cewa wasa ake yi, shi kuma ya sauya da kansa. Xbox ta fara amfani da shi tun 2018, PlayStation 5 kuma ta samu maɓallin kunna shi ko kashe shi a 2022. Wasu telebijin ma suna gane na'urar wasa da kansu su sauya. Mutum ya gyara yanayin fim ya ji daɗinsa, sai ya ga an mayar da shi abin da menu na Faransanci ke kira Mode Jeu, wasu maɓallan gyaran kuma sun yi toka-toka ba sa taɓuwa. Ana iya kashe wannan sauyi, amma ban ba da shawarar haka ba ga mai wasan ƙwallo ko na harbi. A sauran yanayoyi telebijin yana tsayawa ya goge hoto ya sassauta motsi kafin ya nuna shi, kuma wannan aikin kan jinkirta hoton har kusan kashi ɗaya cikin goma na daƙiƙa, alhali a yanayin wasa jinkirin telebijin na zamani yakan sauka ƙasa da milisakan 20, wato kashi ɗaya cikin hamsin na daƙiƙa. Yaran da ke wasa kullum suna jin bambancin a yatsunsu ko da ba su san sunansa ba, sukan ce manet ɗin ya yi nauyi. Abin da ya fi shi ne a bar yanayin wasa a kunne, a shiga cikinsa a rage masa kaifin hoto da yawan launi, a mayar da zafin launin zuwa mai ɗumi, domin daga masana'anta yakan zo da shuɗi-shuɗi mai gajiyar da ido.

Akwai kuma hanyar da na'urori ke ba juna umarni ta wayar HDMI, wadda Samsung ke kira Anynet+, LG ke kira SimpLink, Sony kuma Bravia Sync. Ita ce ke sa telebijin ya tsallake zuwa ƙofar na'urar wasa da zarar an kunna ta. Ba ta goge saiti, amma tana sauya ƙofa ba tare da mai kallo ya lura ba. Wanda abin ya dama yana iya kashe ta a telebijin ko a na'urar.

Duk abubuwan da na ambata zuwa nan ba gogewa ba ce ta gaskiya. Gogewa ta gaskiya tana da alamarta: ka gyara hoto kana cikin wasa, ba ka sauya komai ba, amma bayan ƴan mintoci ko bayan an kashe an kunna sai lambobin su koma yadda suke. A nan abin da ya kamata a fara dubawa shi ne yanayin shago. Masu ƙera telebijin sun tanadi wannan yanayi ne domin nuni a kanti, inda kowane mai wucewa zai iya taɓa telekomand, saboda haka telebijin ke mayar da kansa ga hoto mafi ƙyalli bayan ɗan lokaci domin ya ja idon mai saye. Idan telebijin ɗin da aka saya shi ne wanda ɗan kasuwa ya kafa yana gwada wa mutane a babbar kasuwa, ko kuma wanda ya fara kunna shi a gida ya yi ta danna amincewa ba tare da karanta tambayoyin farko ba, to yana iya kasancewa a wannan yanayi har yau. Wani lokaci yakan tona asirin kansa da wani allon talla da ke fitowa a gefe yana lissafa fasahohinsa. Maganin yana cikin saitin gaba ɗaya, inda za a sauya daga Mode Magasin, wato yanayin shago, zuwa yanayin gida. Aikin bai kai minti ɗaya ba, kuma abin takaici ne a biya jika biyu ko uku a kansa.

Telebijin na hannu da ake kawowa daga Turai suna da wata matsalar da ta fi wannan wuya. Wasunsu daga otal aka ciro su, kuma telebijin na otal an kulle shi ne yadda duk lokacin da aka kunna zai koma ga ƙarar murya da tasha da hoton da mai otal ya zaɓa. Buɗe wannan kulle yana buƙatar shiga wani ɓoyayyen menu da lambobin sirri waɗanda suka bambanta daga samfuri zuwa samfuri. A nan kam gara a kai wa wanda ya san aikin, domin a kusa da wannan menu akwai saitin masana'anta wanda idan aka taɓa shi da kuskure allon zai iya juyewa ko ya ƙi nuna komai.

Idan kuma haske ne kaɗai ke hawa yana sauka, sauran lambobin suna nan, to a duba na'urar auna hasken ɗaki da tsarin tsimin wuta, a kashe su. Ɗakin wasa da ake yawan ɗaga labulensa rana na shigowa yakan sa wannan na'urar ta yi ta sauya haske duk yini.

Wayar HDMI ma tana da nata laifin. Duk lokacin da aka haɗa na'ura da telebijin, telebijin yana aika mata bayanin abin da yake iya nunawa, ita kuma ta zaɓi siginar da ta dace. Idan kan wayar ya yi sako-sako, ko ƙurar hunturu ta cika ƙofar, wannan tattaunawa takan yanke ta sake farawa, kuma ba lallai ba ne ta ƙare a inda ta ƙare a baya. Yau a samu HDR, gobe a rasa shi, mai telebijin kuma ya ɗauka saitinsa ne ke gudu. Haka nan akwai ma'aunin baƙi, wanda yake iri biyu: cikakke daga 0 zuwa 255, da taƙaitacce daga 16 zuwa 235. Idan na'urar ta aika ɗaya telebijin yana jiran ɗayan, baƙi zai koma toka ko kuma duhu ya cinye komai. Idan zaɓin kai tsaye yana kuskure, sai a tsayar da su biyun a kan taƙaitacce da hannu. Kafin a zargi telebijin, a gwada wata waya mai kyau a wata ƙofar, a kuma tuna cewa sabuwar ƙofar za ta buƙaci nata gyaran.

Saura maganar wuta, wadda ba mai zama a Maraɗi da ke buƙatar a yi masa bayaninta, musamman a watannin zafi. Wasu telebijin ba sa rubuta sabon saiti a ma'ajiyarsu ta dindindin sai an kashe su da telekomand. Idan aka ɗauke wuta, ko aka kashe janareto, ko aka zare soket daga bango kamar yadda masu ɗakunan wasa ke yi idan za su rufe da dare, gyaran ranar yana iya tafiya. Gwajin mai sauƙi ne: a gyara hoto, a kashe da telekomand, a ɗan jira, sannan a zare soket a mayar. Idan saitin ya zauna, to ɗabi'ar kashewa ce za a sauya. Idan kuwa bai zauna ba, alhali an tabbatar ba yanayin shago ba ne kuma ba kullen otal ba ne, sai a gwada mayar da telebijin ga saitin masana'anta, a zaɓi yanayin gida, a sake gwajin. Wanda zai sabunta manhajar telebijin kada ya yi sai yana da na'urar ajiyar wuta mai batir, domin yankewar wuta a tsakiyar sabuntawa tana iya hana telebijin tashi gaba ɗaya.

Idan duk wannan bai yi ba, zargi ya koma kan ma'ajiyar kanta. A telebijin da suka ɗan kwana biyu, wata ƴar ƙaramar aba ce mai ƙafa takwas a jikin babban farantin lantarki na cikin telebijin, ba ta kai ƙwayar wake ba, kuma hawa da saukar wuta kan lalata abin da ke rubuce a cikinta. Mai gyara da ke da na'urar rubuta manhaja yana iya ciro ta ya sake rubuta ta ko ya sa sabuwa, wanda ya fi sauya faranti sauƙin kuɗi nesa ba kusa ba. A sababbin telebijin masu intanet ma'ajiyar a manne take da faranti, aikinta ya fi wuya, kuma sau da yawa farantin ake sauyawa. Idan za a je wurin mai gyara, a tafi da na'urar wasan da wayarta, a kuma faɗa masa dalla-dalla ko saitin yana ɓacewa ne a kowace ƙofa ko a ƙofar wasa kaɗai, da kuma ko yana ɓacewa telebijin na kunne ne ko sai bayan an zare wuta.