Mako na bakwai: bishiyar da ke shan lokaci

Assalamu alaikum, 'yan'uwa masu koyon ƙaga labari. Yau mako bakwai ke nan ina fama da bishiya guda ɗaya a duniyar da nake ginawa, wadda na raɗa wa suna shazamani, domin da lokaci take haɗa abincinta a madadin hasken rana. A rubutun farko na ba ta abin al'ajabi ban ɗora mata wani nauyi ba: tana shan lokaci, tana yin 'ya'ya masu ƙara tsawon kwana, kuma babu wanda ya yi asarar komai. Da na sake karanta babin sai na ji shi lami, ni da na rubuta ma ban gaskata shi ba.

Abin da ya cece ni shi ne komawa ga ganye na gaskiya. Ganye yana karɓar ruwa daga saiwa, yana shaƙar iskar kabon ta ƙananan ƙofofinsa, sannan koren sinadarin da ake kira kulorofil ya kama hasken rana a haɗa sukari, a fitar da iskar oksijin. Ke nan akwai abin da ke shiga, akwai abin da ake taskancewa, akwai kuma abin da ake zubarwa, kuma ni biyun farko kaɗai na rubuta. Masanin kimiyya Jan Ingenhousz ya nuna a 1779 cewa sai da haske koren ganye ke fitar da iskar oksijin, wato aikin yana da sharaɗi kuma yana da lokacin tsayawa.

Sai na tsara wa shazamani nata lissafin. Shi lokacin nan da take sha, daga inuwarta take ɗebo shi, saboda haka komai da ke ƙarƙashinta tafiyar hawainiya yake yi. Nonon da aka ajiye a gindinta yakan yi kwana goma bai yi tsami ba, abin da ya sa mata ke jera ƙorai a wurin, amma ciwo ma ba ya warkewa a nan, kuma jaririn da aka yawaita kwantarwa a inuwar yakan shekara biyu bai fara rarrafe ba. Abin da take zubarwa kuwa wata farar ƙura ce da mutanen labarin ke kira toka, wadda iska ke kwasa zuwa yamma, duk inda ta sauka katanga ta zaizaye, gashin yara ya yi furfura. Da na rubuta wannan sai rikicin labarin ya taso da kansa, domin unguwar gabas na cin 'ya'yan itacen, unguwar yamma na tsufa da wuri, kuma kowa ya san dalili.

Wurin da na fi jin daɗinsa shi ne yadda aka gano sirrin. Na tuna da masanin kimiyya Jan van Helmont, wanda ya shuka itace a tukunya ya shekara 5 yana ba shi ruwa kawai, itacen ya ƙaru da kusan kilo 74 alhali ƙasar tukunyar ba ta ragu da ko giram 60 ba. Ya ɗauka ruwa ne kaɗai ya zama itace, kuma bai cika daidai ba, amma awon da ya yi ya burge ni. Don haka na ba wata tsohuwa mai saƙa ƙananan ƙorai biyu masu huji iri ɗaya, ta ɗora kowacce a kan ruwan kwatanniya, ɗaya a inuwa ɗaya a fili. Ta fili ta nutse sau bakwai kafin ta inuwa ta nutse sau ɗaya, ita kuwa tsohuwar tana tsaye a bakin inuwar tana ƙulla zare duk nutsewa. Sau huɗu na sake rubuta wannan shafi kafin na cire duk wani dogon bayani na bar ƙoran su yi magana.

Matsalar da ta rage ita ce rana tana faɗuwa, lokaci kuwa ba ya faɗuwa, saboda haka babu abin da zai hana bishiyar sha har ta daskarar da garin. Maganin da nake gwadawa daga gawo na aro shi, wanda ke kakkaɓe ganyensa da damina ya tofo da rani, shi ya sa gero ke yin kyau a ƙarƙashinsa. Idan shazamani ta zubar da ganye wata huɗu a shekara, to a watannin nan ne marasa lafiya za su warke, tokar ta ɗauke, mutanen yamma su samu sararin gyara katangunsu. A mako mai zuwa zan zana kalandar garin bisa wannan, kuma ina roƙon duk wanda ya ga ɓaraka a lissafin ƙoran nan ya nuna mini kafin in shiga babi na huɗu.