Hannun da ya kira ƙasa shaida

A ajin tarihin fasahar Asiya da na ɗauka lokacin karatuna a Indiya, dokar farko da malamarmu ta kafa mana ita ce kada mu fara da duba fuska. Fuskokin mutum-mutumin Buddha kusan duk ɗaya ne: ido a lumshe, kunnuwa dogaye, ɗan tudu a tsakar ka. Hannu ne yake gaya maka wace rana a rayuwar mutumin mai sassaƙa yake nufi. In hannuwa biyu suna daidai ƙirji, yatsu a haɗe kamar mai juya wani abu, wa'azinsa na farko ne a Sarnath. In an ɗaga tafin dama yana kallon mai zuwa, cewa yake kada a ji tsoro. Wanda ya fi cin lokacina shi ne wanda suke kira bhumisparsha, wato taɓa ƙasa. Mutum ne zaune ya harɗe ƙafafu, hannun hagu kwance a cinya tafin yana kallon sama, na dama kuma ya zubo ta kan gwiwa, tafin a ciki, yatsun sun sauka har ƙasa.

Masu shagunan tsaraba suna sayar da irinsa a matsayin alamar kwanciyar hankali, a ajiye kusa da tukunyar fure. Labarin da ke bayansa kuwa na rigima ne, rigimar wa ya cancanci wurin zama.

Siddhartha Gautama, wanda daga baya aka kira Buddha, ɗan sarauta ne daga zuriyar Shakya, an haife shi a Lumbini da ke ƙasar Nepal ta yau, ƙarni 5 zuwa 6 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Ya bar gida yana da shekara 29, ya yi shekara 6 yana gana wa jikinsa azaba da yunwa har ana iya ƙirga haƙarƙarinsa. Da ya ga hanyar ba ta ɓulle ba, sai ya karɓi shinkafa da madara daga wata mata mai suna Sujata, ya nufi gindin wata bishiya dangin durumi kusa da kogin Neranjara, inda yanzu ake kira Bodh Gaya a jihar Bihar. Ya shimfiɗa ciyawa ya zauna, ya ci alwashin ba zai tashi ba sai ya gano tushen wahalar ɗan Adam. A nan Mara ya iske shi. Mara a wurin mabiya addinin Buddha shi ne mai ɗaure halitta da sha'awa da mutuwa. Ya zo a kan giwa da rundunarsa, aka yi ruwan duwatsu da garwashi da makamai, duk suka zube gabansa sun zama furanni. Da ƙarfi ya ƙi aiki, sai Mara ya ce wurin zaman nan nasa ne, a tashi a ba shi.

Yadda wani littafin harshen Pali mai suna Nidanakatha ya kawo, wanda aka tsara wajen ƙarni na 5 miladiyya, Siddhartha ya tambaye shi wa zai shaida cewa ya taɓa yin kyautar da za ta ba shi wannan wuri. Rundunar Mara ta amsa baki ɗaya cewa su ne shaidu. Mara ya juyo ya ce to kai fa? Ba kowa a bayansa, domin hatta allolin da suka taru don yabonsa sun tsere tun da suka hango rundunar. Sai ya zaro hannun dama daga cikin mayafi ya miƙa wa ƙasa, ya kira ta ta shaida kyautar da ya yi a wata rayuwa da suka yi imani ya yi kafin wannan haihuwar tasa. Ƙasa ta amsa da ruri, giwar Mara ta durƙusa, runduna ta watse.

Abin da ya tsaya mini shi ne abin da aka nemi shaida a kansa. Mutumin da ya yi shekara 6 da yunwa bai ambaci yunwar ba. Bai ambaci malaman da ya zauna gabansu ba, bai jawo hujjar ilimi ba, ga shi kuma littattafansu cike suke da muhawarorin da ya kayar da masana. A ranar da aka ce masa kai wane ne da za ka zauna nan, abin da ya fito daga hannunsa ya shiga hannun wasu shi ya ambata. Malamarmu ta ce mu lura da hannuwan biyu tare: na hagu yana inda mai zaman natsuwa yake ajiye shi, na dama ya fita waje neman wanda zai gaskata. Wanda ya sassaƙa bai yarda ɗaya ya isa ba.

Karatun ya kuma koya mini cewa labari irin wannan yana da hawa-hawa, kuma dole ɗalibi ya san a wane hawa yake tsaye. A tsohon nassin da ake kira Padhana Sutta, Mara ya zo, amma babu taɓa ƙasa ko kaɗan. Can Buddha lissafa masa rundunarsa yake yi ɗaya bayan ɗaya: sha'awa, ƙosawa, yunwa da ƙishirwa, kwaɗayi, kasala da gyangyaɗi, tsoro, shakka, munafunci da taurin kai, sai son riba da yabo da suna, da ɗaga kai da raina mutane. Duk sojojin a cikin ƙirji suke. Masu sassaƙan farko a Bharhut da Sanchi na Indiya ma ba su nuna jikinsa ba, wurin zama suke nunawa ba kowa a kai, a gindin bishiya. Sai wajen ƙarni na 1 miladiyya siffarsa ta mutum ta fito a Gandhara da Mathura. A zamanin sarakunan Pala na Bihar da Bengal, daga ƙarni na 8 zuwa na 12, wannan hannu ya mamaye sassaƙa, masu ziyara suna komawa gida da 'yan allunan yumɓu masu ɗauke da shi, har ya kafu a Bagan ta ƙasar Bama. Wani abu da yake kayar da ɗalibai a jarrabawa: ba duk mai taɓa ƙasa ne Gautama ba. A ɓangaren addinin da ake kira Mahayana akwai Akshobhya, Buddhan gabas, shi ma haka hannunsa yake, kuma da shi ake danganta jerin mutum-mutumin da ke kallon gabas a haikalin Borobudur na Indonesiya.

A Tailan da Kambodiya da Laos da Bama labarin ya ƙara wani hawa. Can ƙasa mace ce, Phra Mae Thorani a bakin 'yan Tailan. Da aka kira ta sai ta fito ta matse doguwar sumarta, ruwa ya kwararo ya yi ambaliya ya tafi da rundunar Mara. Ruwan nan yana da asali. A tsohuwar al'adar Indiya, in mutum ya yi kyauta yakan zuba ruwa don tabbatar da cewa abin ya fita daga hannunsa. To duk ruwan da Siddhartha ya zuba a rayuwarsa ta baya ƙasa ta adana a gashinta. Hukumar ruwan sha ta birnin Bankok hoton matar nan ne a tambarinta.

Na ga wannan da idona a Bodh Gaya. Haikalin Mahabodhi, wanda hasumiyarsa ta kai wajen mita 55 kuma UNESCO ta sa shi cikin wuraren tarihi na duniya a 2002, yana da babban mutum-mutumi a ciki mai ruwan zinariya, hannunsa na dama a ƙasa. Amma abin kallon yana waje. 'Yan Tibet sun jera katakai masu tsawon mutum, kowa da 'yan tsummoki biyu a ƙarƙashin tafinsa, ya miƙe, ya faɗi rub da ciki, hannuwan su zame gaba, ya tashi ya sake. Akwai masu neman yin haka sau 100,000, har katakon ya yi santsi yana sheƙi a inda hannu ke bi. Can gefe wasu tsofaffin mata 'yan Bama sun gama ba sufayen addinin Buddha abinci, suka durƙusa, ɗaya ta ɗauko 'yar butar ƙarfe tana ɗiga ruwa a kofi, ɗigo bayan ɗigo, sufi yana karatu, har ruwan ya ƙare daidai da ƙarewar karatun. Suka amsa da sadhu, wato madalla, sau uku, sannan ta kai kofin gindin wata bishiya ta juye. Wata 'yar ajinmu daga Bama ta ce mini ba sa zubar da shi a kan siminti ko a kwata, sai a ƙasa mai tsabta, kuma ladan kyautar suna raba shi ne da iyayensu da matattunsu da duk mai rai.

Ni Musulmi ne, ilimi ya kai ni wurin, ba ibada ba, amma ba yadda za a yi wanda ya taso yana karanta Izazul ya ji ana maganar ƙasa mai ba da shaida bai ɗaga kai ba. A Suratul Zalzala ƙasa za ta ba da labarinta ranar sakamako, bisa umarnin Ubangijinta, a kan alheri da sharri baki ɗaya. A nasu labarin mutum ne ya kira ta, a nan duniya, kuma babu Mahalicci mai hukunci a cikin lissafin. Kamanceceniyar ta tsaya a nan, kuma na koyi kada in ja ta ta wuce haka don kawai in ji daɗin cewa mun yi tarayya.

Malaman zaman natsuwa na yanzu suna amfani da hannun a kan shakka. In mai zama ya ji muryar da ke ce masa bai isa ba, wa ya aike shi, sai a ce ya sa hannu a ƙasa ya tuna wani alheri takamaimai da ya taɓa yi, kada ya tsaya jayayya da muryar. Thich Nhat Hanh, sufin Biyetnam da ya kafa cibiyar Plum Village a Faransa a 1982 ya rasu a 2022, ya mayar da taɓa ƙasa aikin jiki gaba ɗaya: goshi a ƙasa, ana tuna iyaye da kakanni da malamai, har da wanda ya cuce ka. Akwai kuma masu fafutukar muhalli da suka ɗauki hannun a matsayin kira a kula da doron ƙasa. Wannan fassara sabuwa ce. Ba ta da laifi, sai dai in an cire kyauta daga cikin labarin ban ga abin da ya rage wa ƙasa ta shaida ba.

Kyautar kanta ita ce inda ajinmu ya rabu biyu. Wadda aka kira ƙasa a kanta ta Yarima Vessantara ce, wato Buddha a wata haihuwar, labari na 547 kuma na ƙarshe cikin labaran rayuwarsa ta baya. Yariman ya ba wata ƙasa mai fama da fari farar giwar da ke kawo wa garinsu ruwan sama, talakawa suka fusata, aka kore shi daji. A hanya ya kyautar da dawakai da keken dokin. A dajin wani tsoho mai suna Jujaka ya roƙi 'ya'yansa biyu su yi wa matarsa bauta, ya ba shi, yana kallo ana jan su da igiya. Ya kyautar da matarsa Maddi ma, sai dai mai roƙon sarkin alloli ne ya ɓad da kama, ya mayar masa da ita. Kakan yaran ne ya fanshe su daga baya. A Tailan ana karanta labarin duk shekara a babi 13 da baiti 1,000, a Laos ma biki ne guda.

Wani ɗan ajinmu daga Sri Lanka ya ce ba a ba da labarin don a kwaikwaya ba, an ba da shi ne don a ga iyakar sakin abin da rai ke so. Na ce masa yaran ba dukiyarsa ba ne, kuma igiyar a hannunsu take, ba a nasa ba. Malamarmu ba ta raba mu ba. Ta dai tura mu ga littafin Milindapanha, inda Sarki Milinda, wanda masana ke ɗauka shi ne Menander, sarkin Girkawa da ya yi mulki a arewa maso yammacin Indiya a ƙarni na 2 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya sa sufi Nagasena a gaba da wannan tambaya ɗin: in mutum yana neman lada, ya ba da kansa mana, me ya kai shi ga 'ya'yansa? Nagasena ya amsa da dogon bayani, daga ciki har da cewa yariman ya san kakansu zai fanshe su. Abokina ya gamsu da amsar. Ni a takardar ƙarshen zango na rubuta cewa tambayar sarkin ta fi amsar sufin ƙarfi, malamar ta ja layi a ƙarƙashin jimlar da jan biro ta rubuta a gefe cewa in kawo hujja daga nassin, shafi da shafi.