Littafin da ya hana ni barci jiya

Wallahi har ƙarfe biyun dare ina riƙe da wani tsohon littafi na gwanjo kan jagororin 'yancin ƙasar Ailan. Ni da na saye shi don rage zaman banza!

Labarin James Connolly ya fara tsaya mini a rai. Bayan boren da 'yan Ailan suka yi wa mulkin Birtaniya lokacin bikin Ista na 1916 a Dablin, raunin da ya samu a ƙafa ya hana shi tsayuwa, sai sojojin Birtaniya suka ɗaure shi a kan kujera a gidan yarin Kilmainham suka harbe shi. Na rufe littafin na yi shiru.

Amma na Michael Collins ya fi ci mini tuwo a ƙwarya. Ya gagari Turawan Ingila, ya je Landan ya sa hannu a yarjejeniyar Disambar 1921, wadda ta bar gundumomi 6 na arewa ƙarƙashin Birtaniya. De Valera, shugaban masu fafutukar 'yancin a lokacin, ya ce bai yarda ba, aka shiga yaƙin basasa. A watan Agustan 1922, a Cork, yankinsu na haihuwa, 'yan ƙasarsa suka yi wa Collins kwanton ɓauna suka kashe shi. Shekararsa 31 kacal.

Ni dai ina ganin Collins ya fi gaskiya. Saura babi uku, wataƙila su sauya mini ra'ayi.