SWR Mai Kyau Ba Shaidar Lafiyar Eriya Ba Ce: Yadda Ake Gwada Kebul da Eriya

A yawancin ƙananan gidajen rediyon FM, abin da ake dubawa shi ne lambar da ke fuskar tiransimita. In ta nuna SWR (ma'aunin yawan ƙarfin da ke komowa baya daga kebul da eriya) 1.3 ko 1.4, hankali ya kwanta, a ce eriya lafiya lau, alhali garuruwan da a da suke kama tashar tar yanzu sai shuuu suke ji. Lambar ba ta yi ƙarya ba, abin da ya iso gare ta shi ta faɗa. Matsalar ita ce daga gindin hasumiya take awo, kuma tsakaninta da eriyar akwai kebul mai tsawon mita 50 ko 60 wanda yake cin nasa rabon a tafiya da dawowa.

Tiransimita da kebul da eriya duk an ƙera su ne a kan ohm 50. Muddin sigina yana tafiya a kan wannan awo ɗaya, babu abin da zai komo. Duk inda awon ya sauya, ko a mahaɗin da bai ɗauru ba, ko inda kebul ya lotse, ko a eriyar da ba a saita ta a zangon tashar ba, wani kaso na ƙarfin yakan juyo baya. SWR 1.5 na nufin kashi 4 cikin 100 ya dawo, 2.0 kashi 11, shi kuwa 3.0 kashi 25. Na'urorin gwaji sun fi nuna wannan da dB (desibel, awon raguwar ƙarfi), kuma a can babbar lamba ita ce mai kyau: SWR 1.2 kusan dB 21 ne, 1.5 dB 14, 2.0 dB 9.5, 3.0 dB 6. Wanda ma'aunin wat na Bird 43 kawai gare shi zai iya lissafawa da kansa. Idan wat 1000 ne ke fita, wat 40 ke dawowa, kashi 4 ke nan, wato 1.5.

Ga inda ake ruɗuwa. Siginan da ya dawo sau biyu ya bi ta cikin kebul, ya hau kuma ya sauko, saboda haka sau biyu kebul ya rage shi. A ɗauki kebul irin RG-213 mai mita 50 a kan MHz 100, asararsa kusan dB 3.5 ce. Eriyar da ta lalace har ta kai SWR 3.0 tana da dB 6, a ƙara dB 7 na hawa da sauka, a ƙasa za a ga dB 13, wato kusan SWR 1.6. Ko an kwance eriyar gaba ɗaya an bar bakin kebul a buɗe, 2.6 za a gani. RG-58 ya fi wannan muni: mita 50 ɗinsa na cin kusan dB 8, don haka ba tare da eriya ba ma zai nuna maka kusan 1.4, lambar da mutane da yawa za su yi murna da ita. Kebul mai kyau irin Heliax na rabin inci, wanda asararsa a wannan tsawo ba ta wuce dB 1.1 ba, shi ne mai faɗin gaskiya, don eriyar nan mai 3.0 zai nuna ta a kusan 2.3. Kuma daga wat 300, Heliax zai kai wajen wat 230 sama, RG-213 kuwa wajen 135. Sauran ya tafi a ɗumama roba.

Saboda haka idan SWR ya "gyaru" da kansa bayan damina, ba wanda ya taɓa komai, a fara zargin ruwa ya shiga kebul. Jiƙaƙƙen kebul asararsa ƙaruwa take yi, ya shanye abin da ke dawowa, allura ta sauka.

Kayan aiki ba su da yawa. Kamfanonin sadarwa suna amfani da Site Master na Anritsu ko FieldFox na Keysight, masu tsada amma masu jure siginan maƙwabta. Ga ƙaramar tasha NanoVNA ya isa, in an san iyakarsa. Sai kayan saiti guda uku da ke zuwa tare da na'urar, Open (buɗaɗɗen baki) da Short (mai haɗe tsakiya da jiki) da Load (lodin ohm 50), da lodin gwaji na ohm 50 da ake sawa a madadin eriya, mai baki irin na kebul ɗinka, da maltimita, da adafta masu kyau. A rage yawan adafta gwargwadon hali. Wanda ya jera guda uku don ya haɗa mahaɗin SMA da na 7/16 DIN, adaftocinsa yake aunawa, ba eriya ba.

Kafin a haɗa komai a kashe tiransimita, a zare kebul daga jikinta, sannan a taɓa tsinken tsakiya da jikin mahaɗin na ɗan lokaci don a zubar da wutar da ta taru. Wannan ba ƙaramin abu ba ne a lokacin hunturu, domin busasshiyar iska mai ƙura tana tara caji a jikin eriya, kuma tartsatsi ɗaya ya isa ya kashe bakin na'ura. Idan akwai wata tashar a kan hasumiya ɗaya da taka, eriyarka tana kamo ƙarfinta tana sauko da shi. A auna da ma'aunin wat tukuna, ko a nemi su rage wuta ko su kashe na 'yan mintuna. NanoVNA ba ya jure irin wannan: ko dai ya zana layi mai tsalle-tsalle marar ma'ana, ko ya ƙone.

Sai saiti. A zaɓi zangon da za a bincika tukuna, misali MHz 87.5 zuwa 108, sannan a yi saitin da kayan nan uku a ƙarshen gajeriyar wayar gwajin, daidai wurin da za a ɗaura kebul, ba a jikin na'urar ba. In an sauya zango, a sake saiti. In an gama, a mayar da Load a duba: ya kamata a ga dB 30 ko fiye. Haka nan na'urar da aka saita a ɗaki mai sanyi aka fito da ita rana tana buƙatar sabon saiti bayan ta ɗauki zafin waje.

Gwajin farko na tsarin ne gaba ɗaya, eriya a haɗe. Abin dubawa ba lamba ɗaya ba ce, siffar layin ce. Eriyar da aka saita a tasha ɗaya takan nuna rami a daidai zangonta. In ramin ya gusa ƙasa ko sama, eriyar tana da rai amma saitinta ya kauce. In layin ya miƙe sumul daga farko zuwa ƙarshe, kuma eriyar ba mai faɗin zango ba ce, wannan kyawun abin tsoro ne. In kuwa layin yana hawa da sauka a jere kamar haƙoran zarto, akwai wurare biyu da ke mayar da sigina, kuma tazarar haƙoran tana nuna nisan da ke tsakaninsu: a kebul ɗin rabin inci, tazarar MHz 2.6 na nufin kusan mita 50.

Gwaji na biyu shi ne wanda ake gudu saboda sai an hau, amma shi ke raba gardama. Mai hawa ya sa ɗamarar tsaro, kuma ba a hawa in hadari ya haɗu. Ya kwance kebul daga eriya ya ɗaura Short a bakinsa. Duk abin da ya hau zai dawo, don haka lambar dB da aka gani a ƙasa, rabinta ita ce asarar kebul. An ga dB 2.4, asara 1.2 ce. A gwada da abin da takardar masu ƙera kebul ɗin ta ce a wannan tsawo, a bar ɗan rara saboda mahaɗai. Kebul ɗin da ya kamata ya ci dB 1.1 amma yana cin 3 ya gama aiki, ko da bayansa na ƙyalli. Daga nan a cire Short a sa lodin gwaji. Kebul mai lafiya da mahaɗai masu kyau zai ba da dB 25 ko fiye. In ya ba da haka, laifin na eriya ne. In bai bayar ba, kada a taɓa eriyar tukuna.

A nan ne awon nisan matsala, wanda na'urori ke rubutawa DTF, yake da amfani. Kamar mai kira a bakin rijiya ne yana sauraron amsa-kuwwa: daga jinkirin dawowar sigina ake gane nisan inda ya bugo. Sai dai sigina ba ya gudu a kebul kamar yadda yake gudu a sarari, kuma dole a gaya wa na'urar saurinsa. RG-58 da RG-213 suna da 0.66, LMR-400 yana da 0.85, Heliax na rabin inci 0.88. Wanda ya bar 0.66 alhali yana auna Heliax, matsalar da ke mita 40 za ta bayyana masa a mita 30, ya tura yaro ya yi ta laluben wurin da babu komai. Hanya mai sauƙi ta tabbatarwa ita ce a duba ko ƙarshen kebul ya faɗo a tsawon da aka san yana da shi.

Faɗin zangon binciken shi ke yanke yadda na'urar za ta bambanta matsaloli biyu da ke kusa da juna. In an tsaya a MHz 20 na FM kawai, duk abin da ke cikin mita 6 da rabi zai dunƙule ya zama tudu ɗaya, ba za ka raba mahaɗin sama da eriya ba. Faɗin MHz 100 yana kawo shi mita 1.3, faɗin MHz 300 kuwa ƙasa da rabin mita. Amma kowace riba da kuɗinta. Na'ura mai ɗigo 101 a faɗin MHz 100 tana gani har mita 130, a faɗin MHz 300 kuwa mita 44 kawai, kuma abin da ya wuce nan sai ya naɗo ya bayyana a wurin ƙarya. Shi ya sa ake yin wannan gwaji da lodin gwaji a sama, don eriya a wajen zangonta ita kanta matsala ce babba a idon na'ura. Matatar sigina da abin kare tsawa mai ƙunƙuntar zango su ma a kewaye su kafin a fara.

Kusan kullum tudun yakan faɗo a kan mahaɗi. Tsinken tsakiya na mahaɗi irin N ya nutse ko ya fito fiye da kima, ko silin saƙar waya ɗaya ya taɓa tsakiya, ko an yanke kebul da wuƙa an bar ɓarɓashin jan ƙarfe a jikin kumfar ciki. Akwai kuma N na ohm 75, wanda a ido kamar na 50 yake amma tsinkensa ya fi siriri: namijinsa a cikin macen 50 ba ya kamawa sosai, namijin 50 kuma yana buɗa macen 75 ya lalata ta. Tudun da ya faɗo a tsakiyar kebul, inda babu mahaɗi, yawanci lotsewa ce: an matse maɗauri da sifana fiye da kima, ko an taka, ko an lanƙwasa da ƙarfi a kusurwa. Kebul ɗin rabin inci ba a so lanƙwasarsa ta matse ƙasa da santimita 12 ko 13, na inci 7/8 kuwa santimita 25. Lotsewa ba ta gyaruwa da miƙewa. A yanke wurin a haɗa, ko a sauya. Ruwa shi kuma ba ya yin tsini, yakan fito a matsayin tudu mai faɗi daga mahaɗin sama zuwa ƙasa, kuma in an buɗe za a tarar jan ƙarfen ya yi kore ko baƙi. A ci gaba da yankewa har a iske mai haske da busasshiyar kumfa.

Kebul ɗin dish, RG-6, na ohm 75 ne, kuma saboda arha da samuwa yakan shiga inda bai kamata ba. Guntunsa a tsakiyar layin ohm 50 zai iya kai SWR har 2.25 in tsawonsa ya dace da rubu'in tsawon igiyar sigina. Haka nan kasuwa cike take da kebul mai tambarin RG-213 wanda saƙarsa ta yi shara-shara. Gwajin Short ɗin nan yana tona shi tun yana naɗe a shago, ba sai an ja shi sama ba.

Maltimita tana da nata amfani amma tana ruɗar sabon shiga. Eriyoyin FM da yawa an ƙera su ne tsakiyarsu a haɗe da jikinsu ta fuskar wutar batir, don caji ya riƙa zuba ƙasa. Maltimita za ta yi ƙara ta ce shot ne, kuma lafiyarsu ƙalau. Hukuncinta yana aiki ne kawai a kan kebul da aka kwance baki biyu.

Eriya mai hawa huɗu tana da tata wahalar. Ɗaya daga ciki zai iya mutuwa, lambar ƙasa ta ɗan motsa kaɗan kawai, amma siginan ya karkata sama ko ya dushe a wani ɓangare. Maganinsa a kwance kowane reshe daga marabar ƙarfi a auna shi shi kaɗai. In za a sauya gajeriyar wayar wani reshe, dole ta zama iri ɗaya da tsohuwar kuma tsawo ɗaya, domin a MHz 100 tsawon igiya mita 3 ne kacal a sarari, ƙasa da haka a cikin kebul, kuma bambancin 'yan santimita yana sauya inda eriyar ke harba ƙarfinta.

In an gama, naɗe mahaɗi shi ke yanke ko za a sake hawa baɗi. Salatif ɗin wuta shi kaɗai ba ya hana ruwa, rana ke busar da shi ya ɗaye. A fara da zagaye ɗaya nasa, a bi da roba mai narkewa a jikin kanta ko ƙullin butil har ya zarce mahaɗin da santimita 5 kowane gefe, sannan a rufe da salatif mai jure rana sau biyu ko uku, naɗin ƙarshe daga ƙasa zuwa sama don kowane zagaye ya rufe na ƙarƙashinsa. Inda kebul zai shiga ɗaki a bar masa ɗan lanƙwasa ƙasa, ruwa ya ɗiga a waje maimakon ya bi shi ciki. Sannan a sake gwajin tsarin gaba ɗaya, a adana hoton layin SWR da na DTF tare da kwanan wata, zangon da aka bincika da saurin kebul da aka sa. A maimaita kafin damina da bayanta da saiti iri ɗaya. Mahaɗin da ya sauko daga dB 32 zuwa 26 har yanzu yana cikin iyaka a takarda, amma shi za a fara buɗewa.